Yadda Ake Gane Rago Ba Shi Da Lafiya Kafin A Kira Likita

Masu sabon kiwo, da zarar rago ya ƙi dusa sai su damƙe shi, su danna masa allurar da suka sayo a kasuwa, daga baya a nemi likitan dabbobi. Kafin ya iso an riga an rikita alamun ciwon.

Abu na farko, kada ka taɓa shi. Tumaki da awaki suna ɓoye rauni, don a daji mai rauni kura ke fara ɗauka. Kana matsowa zai miƙe kamar lafiyarsa ƙalau. Tsaya daga nesa da sassafe, kafin a zuba harawa, ka yi minti 10 kana kallo. Ya ware daga 'yan'uwansa? Kai a sunkuye, kunnuwa sun faɗi?

Sai tuƙa, kuma nan ne mutane ke gaggawa. Lafiyayyen rago in ya kwanta sau da yawa tuƙa yake yi. Wanda ya daina tuƙa gaba ɗaya, ko yana goga haƙora kana jin ƙararsu, ciwo yake ji. Dubi kwiɓinsa na hagu, nan tumbi yake. In ya kumbura ya yi tauri kamar ganga, wannan ba na jira ba ne, kira likita nan take. In kuwa yana ɗan ci amma kullum ramewa yake, kuma kana sakinsa yawo cikin unguwa, ka zargi leda. Ni dai a cikin garin Kaduna ban yarda a saki dabba ba, turke ya fi.

Ɗauki bidiyon minti ɗaya da wayarka. Ya fi dogon bayani, wani lokacin ma ya rage maka kuɗin motar likita.

Yanzu kama shi. Zo ta gefe kana yi masa magana, hannu ɗaya ƙarƙashin haɓa, ban da fizgar ƙaho. Sa ma'aunin zafi a dubura. In ya haura digiri 40 na Celsius, zazzaɓi ne. Majina da kwantsa da zawo tare, musamman a dabbar da ka sayo kwanan nan daga kasuwar dabbobi ta Zangon Tudun Wada, na iya zama PPR, wata cuta mai yaɗuwa tsakanin tumaki da awaki. Ware shi daga sauran dabbobin, a raba musu kwanon ruwa, ka gaya wa likita ranar da ya daina tuƙa da duk maganin da aka riga aka ba shi.