Yadda Ake Zama Ɗan Jarida Mai Rubutu Kan Kuɗin Aljihun Jama'a

Kwanakin baya wani matashi ya tare ni a unguwar Jekadafari da ke Gombe, bayan mun gaisa ya ce, "Malam, ina sha'awar rubutu a kan harkar kuɗi, amma ban karanta tattalin arziki ba." Na ce masa ni ma ban karanta ba. Abin da aikin yake nema shi ne ka iya yi wa mai tuyar ƙosai bayanin inda za ta ajiye dubu ashirin ɗinta, kuma in ta bi maganarka kada ta yi da-na-sani. Ga hanyar da na bi, ita nake ɗora na baya a kai.

Fara da koyon aikin jarida kansa. In da hali, ka karanta shi a makaranta, Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da ke Bauchi tana koyarwa. In babu hali, nemi wani gidan rediyo a nan Gombe ka zauna ƙarƙashin edita, ko da ba albashi a farko. A can za ka koyi cewa ba a fitar da labari da bakin mutum ɗaya.

Sannan ka sayi littafin rubutu mai kauri, domin shi ne jarinka. Zaɓi rana ɗaya a mako ka shiga kasuwar Tudun Hatsi, ka rubuta farashin buhu da na mudu: masara, gero, wake, shinkafa. Kada ka tsaya daga nesa kana tambaya kamar mai karɓar haraji. Tsuguna kusa da mai awo, ka gaishe shi, ka sayi ko mudu ɗaya ne, ka duba ko ya cika shi har tsororuwa ko ya shafe bakinsa, don wani lokaci farashi yana nan amma awon ne ya ragu. Tambayi dillali, sannan ka tambayi manomin da ya kawo kaya daga ƙauye, ba za su faɗa maka abu ɗaya ba. In ka shekara kana haka za ka ga da idonka yadda hatsi ke sauka da kaka ya hau da bazara, kuma za ka san dalilin da ya sa wanda ya sayar da amfaninsa duka a watan Nuwamba yake dawowa ya saya da tsada kafin damina ta kankama.

Littafin nan ne zai ba ka damar fassara alƙaluman gwamnati. Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta ce hauhawar farashi ta kai kashi 34.80 cikin ɗari a Disambar 2024. In ka rubuta shi haka, mai karatu zai wuce. Ce masa cefanen da ya yi da naira 10,000 a Disambar 2023, a Disambar 2024 sai da ya lale kusan 13,500. Nan take zai gane, domin ya riga ya ji a jikinsa tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023.

Mataki na gaba shi ne sanin wa ke kula da me. Babban Bankin Nijeriya ne ke ba bankuna lasisi. Hukumar NDIC ce ke inshorar ajiyar jama'a, kuma a 2024 ta ɗaga abin da take lamuncewa zuwa naira miliyan 5 ga mai ajiya a bankin kasuwanci. SEC ke sa ido kan masu karɓar kuɗin mutane da sunan zuba jari. PenCom ke kula da fansho, inda dokar 2014 ta ce ma'aikaci ya sa kashi 8, wanda ya ɗauke shi aiki ya sa kashi 10. Karanta takardunsu da kanka, kada ka dogara da abin da aka turo a WhatsApp.

A yankinmu akwai tambayar da ba ka da makawa sai an yi maka: "Malam, babu riba a ciki?" Don haka ka san yadda bankin da ba ya mu'amala da kuɗin ruwa yake aiki, irin Jaiz da ya fara a 2012, ka san Sukuk, wato takardun zuba jari marasa kuɗin ruwa, da Gwamnatin Tarayya ta fara fitarwa a 2017. Ka bayyana yadda abin yake gudana, amma hukuncin halal da haram ka kai wa malamai. Haka batun zakka, kai dai ka taya mutum lissafin kashi ɗaya cikin arba'in, nisabi kuwa ka tura shi ga masana.

Koyi lissafi da hannunka. Wanda ya ci bashin 50,000 a manhajar waya zai biya 60,000 bayan kwana talatin, ruwan kashi 20 ke nan a wata, kashi 240 a shekara. Yi lissafin sau biyu, ka ba wani ya duba.

Yanzu ga inda nake son ka buɗe kunne. A farkon aikina wasu masu kamfani suka zo da takardar rajista da alƙawarin ninka kuɗi cikin wata biyu, suka ba ni na goro, na yi musu rubutu mai daɗi ban bincika ba. Bayan wata huɗu suka kulle ofis. Wata dattijuwa ta zo har wurin aikinmu, ta kwance bakin zaninta ta fito da rasit ɗin da ya sha ninki, ta ce, "Ɗan nan, kuɗin adashen gidanmu ne na ɗauka na kai musu, saboda kai ka ce." Har yau ina ganin rasit ɗin nan a idona. Takardar rajistar kamfani ba lasisin karɓar jarin jama'a ba ce, sai ka duba sunansu a wurin SEC. Cikin masu irin wannan alƙawarin ninka kuɗi, MMM ta rufe da kuɗin mutane a Disambar 2016, CBEX ta maimaita a Afrilun 2025, kuma duk sai da suka samu masu yi musu shela. Kada ka karɓi ko sisi daga wanda kake rubutu a kansa. In talla ce, a rubuta ƙarara cewa talla ce.

Daga nan sai neman masu karatu. Buɗe shafi a Facebook, ka riƙa sa rubutu ɗaya duk mako ba fashi, ko ka nemi fili a rediyo da ake bugo waya. Rubuta kowace tambaya da aka yi maka: yadda albashin 70,000 zai kai ƙarshen wata, abin da za a yi in uwar adashe ta gudu, ko kiwon rago ya fi ajiya a banki. Kuɗin shiga zai yi jinkiri, don haka kada ka saki aikin da kake ci da shi tukuna.

Littafi kuwa daga tambayoyin nan yake fitowa. In sun taru, ware waɗanda aka fi maimaitawa, kowace ta zama babi. Sabunta alƙaluman, ka sa shekarar kowanne a gefensa, ka nemi lambar shaidar littafi ta ISBN a Ɗakin Karatu na Ƙasa. Kafin ka kai maɗaba'a, karanta babi ɗaya a gaban mai awon nan na Tudun Hatsi, duk inda ya ce "ban gane ba" ka sa alama, ka koma gida ka sake rubuta wurin.