Babi na Shida: Kula da Birkin Ƙaramar Mota

Assalamu alaikum 'yan'uwa ɗalibai, sannunku da ƙoƙari. Wannan babi na masu ƙaramar mota ne, irin su Corolla, Golf, Civic da Starlet, ko taka ce ta kanka, ko ta haya ce kake tuƙawa. Za mu ɗauki Toyota Corolla misali, tunda da wuya ka shiga gareji ba ka tarar da ita ba. A yawancinsu tayoyin gaba suna da faifan ƙarfe da makanikai ke kira dis, na baya kuma suna da wani ƙarfe mai kama da kwano da ake kira diram. Ka karanta a hankali. In layi ya yi maka wuya, sa yatsa a ƙarƙashinsa ka maimaita, ba kunya a ciki.

Darasi na 1: Duba man birki

Ajiye motar a wuri mai lebur, ka kashe inji, ka ɗaga bonet. Dubi ɓangaren direba, can ciki kusa da gilashin gaba. Za ka ga wata 'yar farar roba mai murfi, zaune a kan wani ƙarfe da ake kira masta. A cikinta man birki yake.

A jikin robar akwai layi biyu da rubutu. Na sama an rubuta MAX. Na ƙasa an rubuta MIN. Dukansu da M suka fara, shi ya sa ake rikita su, don haka ka dubi harafin ƙarshe: na sama da X ya ƙare, na ƙasa da N. Mai ya tsaya a tsakanin layukan nan biyu. Ba sai ka buɗe murfin ba, daga waje ake ganinsa. In ƙura ta rufe robar, kamar yadda take yi lokacin hunturu, goge ta da tsumma tukuna.

Yanzu dubi saman murfin. Za ka ga DOT 3 ko DOT 4. Kwafi wannan rubutu a takarda, harafi uku da lamba ɗaya, ka tafi da ita shago. Abin da ke kan murfi shi za ka nema a jikin gwangwani. In ka ga DOT 5, ajiye shi, wani iri ne daban, ba a haɗa shi da waɗannan. Ka sayi wanda bakinsa yake a liƙe, domin man birki yana zuƙar danshin iska. Sabon DOT 3 ba ya tafasa sai zafi ya kai digiri 205, amma wanda ya sha ruwa yana iya tafasa a wajen digiri 140. Mai ya tafasa, birki ya tafi. Saboda haka ake canza shi gaba ɗaya duk shekara 2, ko da bai ragu ba. Sabo launinsa garau yake, fatsi-fatsi. In ya koma baƙi, ya gaji.

Akwai abin da ake yi a hanya wanda nake roƙonku ku bari: zuba ruwan omo, ko baƙin mai, ko man giya a robar birki. Baƙin mai yana kumbura robobin cikin masta, ruwa kuma yana kawo tsatsa, ga saurin tafasa. Kuma mai ba ya ɓacewa haka kawai. In ya sauka kaɗan-kaɗan cikin watanni, fad ne ke cinyewa, wato 'yan allunan da ke matse dis in ka taka birki. In ya sauka cikin kwana biyu, yoyo yake. Leƙa bayan kowace taya ka ga ko akwai jiƙa. Motar da ke yoyon man birki ba ta hawa titi.

Darasi na 2: Alamomin da mota ke nunawa

Kashe rediyo, sauke gilashi, ka saurara. Ƙara siririya, "ƙiiii", ɗan ƙarfen gargaɗi ne da ke jikin fad yake taɓa dis, yana gaya maka fad ya kusa ƙarewa. Gurnani mai kauri, "gurrr", fad ya riga ya ƙare, ƙarfe ne ke cin ƙarfe, kuma yanzu har dis za ka saya. In ka taka birki sitiyari yana karkarwa, dis ya lanƙwashe. In motar tana ja gefe ɗaya, wata kalifa, wato ƙarfen da ke riƙe da fad, ta cije. In feda, wato abin taka birki, ta yi laushi tana nutsewa, iska ta shiga ko mai na zuba.

A dashbod akwai jar fitila mai da'ira da alamar motsin rai a tsakiya, wato tsayayyen layi da ɗigo a ƙasansa. In ka sauke birkin hannu ba ta mutu ba, tsaya ka duba mai.

Darasi na 3: Canza fad na gaba

Fad wasu 'yan allunan ƙarfe ne guda biyu masu kaurin fuska, ɗaya ciki ɗaya waje, suna matse dis kamar yadda robar birkin keke ke matse ƙafar keke. Abin da ke riƙe da su shi ne kalifa. A cikin kalifa akwai fistin, shi ne mai ke turowa ya danna fad. Fuskar sabon fad tana kai wajen milimita 10. In ta rage milimita 3, canza. Ɗauko rula ka dubi ƙananan layukan: kowane ɗaya milimita 1 ne. Ƙirga uku, ka ga ƙanƙantarsa da idonka.

Ana canza hagu da dama tare, guda 4 ke nan a kwali ɗaya. Ba a canza gefe ɗaya. In za ka Ƙofar Ruwa a Kano, ko Panteka a Kaduna, ko duk inda ake sayar da kayan mota a garinku, tafi da tsoho a hannu ka gwada shi da sabo.

Kayan aiki: jak, wil sifana, sifana mai lamba 14, babbar filaya, wayar ƙarfe ta ɗauri, tsumma, giris na birki, da duwatsu biyu. Lambar tana rubuce a jikin sifana, 1 da 4. A yawancin Corolla ita ce ke kwance kalifa, notin taya kuma lamba 21.

Kafin mu fara, ga maganar da ta fi kowace a babin nan. Idan ka gama sa sabon fad, motar ba ta da birki. Sai ka taka feda sau da yawa, motar tana tsaye, birki zai dawo. Ka riƙe wannan, za mu sake zuwa kanta.

1. Ajiye mota a ƙasa mai tauri, ba kan yashi ba. Ja birkin hannu. Sa giya ta 1, in otomatik ce sa ta a harafin P. Tokare tayar baya da duwatsu, gaba da baya.

2. Sassauta notin taya tun tana ƙasa. Sassautawa kawai, ba cirewa ba.

3. Ɗaga da jak, cire taya, ka tura ta ƙarƙashin motar a kwance. In jak ya zame, a kanta motar za ta faɗa. Kada ka sa kai ko ƙafa a ƙarƙashin motar da jak kaɗai ke riƙe da ita.

4. Kwance notin kalifa biyu da ke ta baya, ka zare kalifar. Ɗaure ta da waya a jikin sifirin. Kada ta yi lilo a jikin tiyon mai, tiyon zai iya tsagewa ta ciki ba ka gani ba.

5. Dubi yadda tsofaffin fad suke zaune kafin ka cire. Mai waya ya ɗauki hoto. Gama gefe ɗaya kafin ka taɓa ɗayan, don in ka rikice ka zagaya ka leƙa. Baƙar ƙurar wurin ba a hura ta da baki, tana cutar da huhu. Goge da jiƙaƙƙen tsumma.

6. Sassauta murfin robar mai. Ɗora tsohon fad a kan fistin, ka matse da filaya a hankali har fistin ya koma ciki ya yi daidai da bakin raminsa. Sabon fad ya fi kauri, in fistin bai koma ba kalifa ba za ta shiga ba. Kana matsewa mai yana hawa a roba, ka riƙa leƙawa. In ya zuba a jikin mota wanke da ruwa nan take, yana cin fenti.

Tsaya nan ka dubi fistin ɗin. Ka mayar da shi ciki da hannunka. Yanzu ya yi nesa da fad. Wannan nisan shi ne dalilin da ya sa takun farko zai tafi har ƙasa babu komai. Ka gani da idonka, to kada ka manta.

7. Sa sababbin fad, fuskar mai kaushi tana kallon dis, bayan ƙarfe yana waje. Kada ku yi dariya, ana juya shi. Zare sandunan nan biyu da kalifa ke zamewa a kansu, goge su, shafa musu giris kaɗan. Giris ko mai kada ya taɓa fuskar fad ko dis, ko na yatsa ne.

8. Mayar da kalifa, ɗaure notinta da kyau. Mayar da taya, ɗaura noti da hannu, sauke mota, sannan ka ƙara ɗaurewa da wil sifana, kana tsallakawa daga noti zuwa wanda ke fuskantarsa. Yi ɗaya gefen haka.

9. Kada ka tayar da mota. Kada ka cire duwatsu. Shiga ka zauna, ka taka birki.

Taka a hankali, ka saki. Na farko zai nutse, kada gabanka ya faɗi, haka ya kamata. Sake takawa, ka saki. Sake. Kowane taku yana turo fistin kusa da fad. Ci gaba har feda ta yi tauri ta tsaya a sama. Wata motar taku 5 ya isa, wata sai 10 ko fiye. Ƙirga ba shi ne ma'auni ba, taurin da ƙafarka ta ji shi ne. In ta yi tauri, danna ka riƙe, ka ƙirga 1 zuwa 20. In ta tsaya cak, madalla, ka yi aiki. In tana sulalewa ƙasa, akwai matsala, motar ba ta motsawa sai makaniki ya gani.

Mu maimaita tare da murya: na sa fad, na sauke mota, na taka birki har ya yi tauri, sannan na sa makulli. Sake faɗa. Yanzu rubuta a littafinka da manyan haruffa: TAKA BIRKI TUKUNA. Kwafe shi a wata takarda ka liƙa a sitiyari kafin ka fara aiki, yadda ba za ka iya tuƙi ba sai ka gan ta.

Na san wasu za su ce Malam ya cika maimaici. To, a ajin gwaji nakan ga mutum ya yi matakai takwas tsaf, hannunsa ya fi na wasu makanikai, yana sauke jak sai murna ta ɗebe shi ya kai hannu makulli. Dattijo da gemunsa, an faɗa masa yanzu-yanzu! A ƙofar gida ake wannan aiki, inda yara ke wasa a bayan mota. Wanda ya ja baya da feda a ƙasa ba shi da lokacin tunawa. Gaggawar me ake yi? Aikin minti ɗaya ne. Wanda ba zai iya wannan minti ɗaya ba, don Allah ya bar sifana ya kai motarsa gareji. In ma a gareji aka yi maka, kai da kanka ka taka kafin ka fita.

10. Bayan feda ta yi tauri, duba mai ya tsaya tsakanin MIN da MAX, rufe murfi. Cire duwatsu. Gwada a fili, a hankali, inda ba mutane. Kwanakin farko ka guji birki mai ƙarfi har fad ya zauna.

Tambaya: me ake yi bayan sauke mota, kafin a sa makulli? Rubuta amsa a layin ƙasa.

Darasi na 4: Fitar da iska

In ka taka ka taka feda ba ta yi tauri ba, iska ce a ciki. Aikin mutum biyu ne, ɗaya a kujera, ɗaya a gindin taya. A bayan kowace taya akwai ɗan noti mai rami, sifana 8 ko 10 ke kama shi. Na kujera ya taka sau uku ya riƙe, ya ce "na riƙe". Na ƙasa ya buɗe, mai da kumfa su fito, ya rufe, ya ce "saki". Ba a sakin feda noti yana buɗe, iska za ta koma. A maimaita har kumfa ta ƙare. A yawancin motoci ana farawa da tayar baya ta dama, sai baya hagu, gaba dama, gaba hagu. Kada robar mai ta bushe, a riƙa ƙarawa. Da an gama, a taka birki har ya yi tauri kafin a motsa.

Darasi na 5: Birkin baya da birkin hannu

Cikin diram akwai sifirin da yawa, masu koyo su bar wa makaniki. In sai ka ja birkin hannu har ƙarshe, ko motar tana gangarawa bayan ka ja, a je a ɗaure shi.

Darasi na 6: A kan hanya

A doguwar gangara irin ta Hawan Kibo, sauko da ƙaramar giya, kada ka kwanta a kan birki, kada ka kashe inji. In ka ratsa ruwa da damina, ɗan tattaka birki ya bushe.

Aikin gida: kwafi rubutun da ke kan murfin man birkin motar da kake tuƙawa, ka zo da shi aji mai zuwa.