Darasi na 9: Faten Tuffa Cikin Minti Goma

Tuffa ba 'yar ƙasar Kano ba ce. Bishiyarta sai ta sha sanyi mai tsawo kafin ta yi fure, mu kuwa a watan Afrilu zafinmu yakan kai digiri 40. Ana ɗan nomanta a tsaunukan Jos, amma yawancin wadda kike gani a kasuwar 'Yan Lemo ta Na'ibawa, ko a baron masu talla a bakin titi, daga waje ake shigo da ita, musamman Afirka ta Kudu. Takan sauka a Legas cikin kwantena mai sanyi, sannan a ɗoro ta a mota zuwa nan. Nisan hanyar ne ya sa take da tsada, shi ne kuma ya sa a kowane kwali ba a rasa waɗanda suka bugu ko suka fara laushi. Mai kaya yakan ware su gefe ya rage musu kuɗi. Su ne kayan aikinmu a wannan darasi. Da su za mu yi fate a na'urar ɗumama abinci, wato maikurowef, mu kuma koyi karanta lambobin da ke jikinta.

Wace tuffa za ki saya?

Uwargida, ki bambanta buguwa da ruɓa. Tuffar da ta bugu tana da tabo ruwan ƙasa mai ɗan laushi, amma ba ta wari, kuma in kin yanke tabon sauran jikin fari ne tas. Wannan ta yi. Wadda ta yi hunhuna, ko take warin tsami, ko ruɓar ta kai har cikin zuciyarta, ki bar wa mai ita ko da kyauta ya ba ki. Hunhunar tuffa tana barin guba wadda dafuwa ba ta kashewa. Araha ba ta ado idan daga baya kuɗin zai tafi asibiti.

Koriyar tuffa tana da tsami, kuma tana saurin narkewa a wuta. Ja da ɗorawa sun fi zaƙi. Idan kin haɗa ja uku da koriya ɗaya, da wuya ki nemi sukari.

Kwanon da zai shiga, da wanda ba zai shiga ba

A nan ne aka fi samun matsala, don haka mu ɗan tsaya. Yawancin kwanukan gidajenmu ƙarfe ne: samira, langa, silba, kwanon sha, kula mai ƙarfe a ciki. Ko ɗaya ba ya shiga maikurowef. Samira ta fi yaudarar mutane, domin fentin da ke jikinta yana sa a ɗauka tangaran ce, alhali ƙarfe ne a ƙarƙashi. Ƙarfe yana mayar da ƙarfin na'urar baya, abincin ba zai dahu daidai ba, kuma yana iya yin tartsatsi ya lalata ta. Haka farantin tangaran na jere mai zanen ruwan zinare a baki, haka takardar foyil, haka cokalin da aka manta a cikin kwano.

Leda ma ba ta shiga. Siririyar robar da ake zuba abincin biki tana iya narkewa. Farantin nan mai tauri wanda ba ya fashewa in ya faɗi, shi ma ba a yi shi don wannan zafi ba.

Abin da kike nema shi ne kwanon gilashi mai kauri ko na tangaran maras zanen zinare, mai zurfi, domin tuffa tana kumfa tana tasowa. Ki duba gindinsa. Wasu suna da alamar layuka masu lanƙwasa, wadda ke nuna an yi su don maikurowef. In babu alama, ga gwaji: ki sa kwanon babu komai a ciki, ki ajiye kofin gilashi cike da ruwa kusa da shi, ki kunna minti 1. Idan ruwan ya yi ɗumi amma kwanon bai yi zafi ba, ya dace. Idan kwanon ya yi zafi sosai, nemi wani.

Karanta lokaci

Na'urar iri biyu ce. Wata tana da abin murɗawa guda biyu, ɗaya na ƙarfin wuta, ɗaya na mintuna. Wata kuma tana da maɓallai da ɗan allo mai nuna lamba. A allon za ki ga ɗigo biyu a tsakiya. Abin da ke hagu minti ne, abin da ke dama sakan ne.

4:00 minti huɗu ke nan.
0:40 sakan arba'in ke nan.
40:00 minti arba'in ke nan.

Lambobin iri ɗaya ne, 4 da 0, wurin zamansu ne ya bambanta. Da sakan arba'in tuffa ko ɗumi ba za ta yi ba. Da minti arba'in kuwa sai ta ƙone ƙurmus, gida ya cika da hayaƙi. Ki karanta allon da baki kafin ki danna.

A bayan na'urar ko a bakin ƙofarta akwai takarda mai lamba da harafin W, kamar 700W ko 900W. Ƙarfin dafawarta ke nan. Mai 700 tana bukatar ƙarin minti ɗaya ko biyu a kan mai 900. Wutar da take ja daga soket ta fi wannan lamba yawa, takan haura 1000, shi ya sa ƙaramin janareta na kunna fitila da fanka ba ya ɗaukarta. In an kawo wuta, ki fara kunna ta bayan kin gama yanka, ba sai kin tsaya wani aiki ba.

Yadda ake yi

Ki tanadi tuffa 4, ruwa babban cokali 4, ruwan lemun tsami ƙaramin cokali 1, da garin kirfa rabin ƙaramin cokali. Sukari ki ajiye shi gefe tukuna.

Ki wanke hannu da sabulu, ki wanke tuffar sosai, ki cire 'yar takardar da ke manne a jikinta. Ki fere ɓawon, ki raba kowacce gida huɗu, ki ƙwaƙule zuciyar da 'ya'yan, ki yanke duk inda ya bugu. Sai ki yayyanka ƙanana, girman dunƙulen magi. Ki yi ƙoƙari su zo kusan kai ɗaya. Dalili shi ne, na'urar tana girgiza ruwan da ke cikin abinci ne har ya yi zafi, kuma ƙarfinta ba ya ratsawa can ciki da nisa. Babban yanki sai bayansa ya narke cikinsa yana ɗanye.

Da kin zuba a kwano ki yayyafa lemun tsamin ki gauraya. Tuffa in an yanka ta iska ta taɓa ta, nan da nan take yin duhu. Ba lalacewa ba ce, amma lemun tsami yana rage hakan, fatenki ya fito da haske. Ki zuba ruwan da kirfar.

Za ki ga kamar ruwan ya yi kaɗan, hannunki zai so ƙarawa. Kada ki ƙara. Fiye da kashi 80 cikin 100 na tuffa ruwa ne, kuma da ta ji zafi za ta sake shi. In kin cika ruwa, romo za ki samu.

Ki rufe kwanon da farantin tangaran, ki ɗan goce shi gefe don tururi ya samu hanyar fita. Ki sa wutar a mafi ƙarfi, ki saita 4:00. In ta tsaya, ki ɗauko da tsumma, ki ɗaga murfin ta ɓangaren da ke nesa da fuskarki, domin ƙunar tururi ba ta da kyau. Ki juya, na gefe ya koma tsakiya. Ki rufe ki mayar na 3:00. Sai ki danna yanki ɗaya da bayan cokali. In ya murƙushe ba gardama, ta dahu. In da saura, ki riƙa ƙara minti ɗai-ɗai.

Ki bar shi a rufe minti 2, zafin da ke ciki zai ƙarasa aikin. Sannan ki murƙushe da cokali mai yatsu ko bayan ludayi. Yanzu ne za ki ɗanɗana, in akwai tsami ki sa sukari ƙaramin cokali 1 ko 2 tun da zafinsa. Mai son yaji-yaji yana iya sa ɗan garin citta ko kanumfari, amma kaɗan, kanumfari yana danne ƙamshin tuffa.

In an ɗauke wuta kina tsaka da aiki, ki juye a tukunya, ki ƙara ruwa cokali 2, ki rufe ki rage wuta, kina juyawa har ta narke. Daga farko a kan gas ko kurfoti yakan ɗauki minti 15 zuwa 20.

Wa zai ci?

Kowa. Ana shafa shi a burodi ko fanke, ana zuba shi a kan yogot ko kunun gyaɗa, kuma da sanyinsa yana daɗi a buɗa-baki. Tsoho wanda haƙora suka yi wa ƙaranci, da mara lafiya da ya ƙi abinci mai nauyi, sukan karɓe shi. Mai ciwon sukari a yi masa ba sukari, kuma ya ci kaɗan, tunda tuffar kanta tana da nata.

Jariri kuwa sai ya cika wata 6, kafin nan nono zalla. Nasa a yi shi ba sukari, ba gishiri, a tace a rariya ya yi sumul, a fara da ƙaramin cokali 1 ko 2, a ci gaba da ba shi nono. Kada a sa masa zuma sai ya cika shekara 1, domin zuma tana iya ɗauke da ƙwayar cutar da hanjin jariri bai iya yaƙa ba. Ki sani kuma maikurowef ba ta raba zafi daidai, gefe ɗaya na iya yin sanyi wani gefen yana ƙuna. Ki juya sosai, ki bari ya huce, ki gwada a bayan hannunki kafin ki kai bakinsa.

Wanda ya rage ki zuba a kwalba mai tsabta mai murfi, ki sa a firji, ki cinye cikin kwana 3 zuwa 4. In wutar unguwarku ba ta zama har firji ya riƙe sanyi, ki yi daidai cin yini ɗaya kawai.

Aikin aji

1. Ki rubuta waɗannan da kalmomi: 3:00, 0:30, 7:00.
2. Kin dafa na 4:00, kin ƙara 3:00, kin sake ƙara 1:00, sannan kin bar shi a rufe minti 2. Minti nawa ke nan duka?
3. Tuffa 4 suna bukatar ruwa babban cokali 4. Tuffa 2 fa? Kirfa nawa za ki sa musu?
4. A ce lafiyayyar tuffa ɗaya naira 500 ce, wadda ta bugu kuma naira 300. Nawa kika rage in kin sayi 4 da suka bugu?
5. Ki ja layi a ƙarƙashin abin da zai iya shiga maikurowef: samira, kwanon gilashi, leda, silba, tangaran maras zane, foyil.

Aikin gida

Ki duba bayan wata na'urar lantarki a gidanku ko a maƙwabta, maikurowef ko dutsen guga ko butar dafa ruwa. Ki kwafo lambar da ke kusa da harafin W a littafinki, ki zo da ita darasi na gaba.