Yadda za a koyar da ɗaliban jinya da kiwon lafiya ta intanet

A watan Maris na 2020 gwamnatin tarayyar Najeriya ta rufe makarantu saboda cutar korona, malamai da yawa a jami'o'i da kwalejojin jinya suka koma Zoom da WhatsApp ba shiri. Annobar ta wuce amma buƙatar tana nan. Ɗalibai na tafiya aikin koyo a asibitocin karkara su yi makonni, akwai ma'aikatan jinya masu ƙaro karatu alhali suna bakin aiki, ga azuzuwan da suka fi ƙarfin ɗakin lakca. Jami'ar karatu daga gida ta ƙasa, wato NOUN, da Cibiyar Karatu Daga Nesa ta ABU Zariya sun nuna abin yana yiwuwa a ƙasar nan. Sai dai darasin lafiya yana da nasa sharaɗi, domin wanda ake koya wa jikin mutum zai je ya taɓa.

Abu na farko da za a riƙe shi ne a tsara darasin don ɗalibin da ya fi kowa raunin waya da sabis. Idan ya isa gare shi, ya isa ga kowa. Saboda haka kafin darasin farko a raba gajeruwar takardar tambaya: wace irin waya ce da kai, wane layi ne ke kamawa a inda kake, sau nawa kake samun caji, datar nawa kake iya saye a mako, kana da dutin safe ko na dare? Amsoshin nan su za su yanke lokacin darasi da manhajar da za a yi amfani da ita.

Lissafin data

A Zoom, murya kaɗai tana cin kilobit 60 zuwa 80 a daƙiƙa, wato kimanin megabait 30 zuwa 35 a awa. Idan malami ya nuna allon kwamfutarsa, jimillar ba ta cika kai megabait 100 ba. Amma da zarar kowa ya kunna kyamara, sai ta tashi zuwa ɗaruruwan megabait, wani lokaci ta haura gigabait 1. Ɗalibar da ke da darussa biyar a mako ba za ta iya wannan ba, kuma ba za ta faɗa ba, sai dai a daina ganinta. Don haka a kafa doka tun ranar farko: kyamara a kashe, makirfo a kashe sai mai magana.

Abin da za a saurara

Kuskure ne a ɗauko lakcar awa biyu a zuba ta a Zoom yadda take. Bayani irin na zagayawar jini ko nau'o'in rigakafi a naɗe shi a saƙon murya na minti 8 zuwa 12, kowane saƙo batu ɗaya. Saƙon minti goma bai fi 'yan megabait kaɗan ba, kuma ɗalibi zai maimaita shi sau uku yana cikin a-daidaita-sahu. Wajen naɗa a kashe fanka, a sa wayar a yanayin jirgi don kada kira ya katse, a ajiye ta kamar taƙi ɗaya daga baki. Ɗaki mai labule da kafet ya fi ofis mai tayil, inda murya ke amsa kuwwa.

Kowane saƙo ya tafi da PDF mai lambar shafi, malami yana cewa "ku duba hoton da ke shafi na 4". Kada a ɗauki hoton handaut da waya a tura shafi-shafi: rubutun yakan dushe, shafukan su hargitse. A sa wa fayil suna mai ma'ana, da lambar kwas da mako da batu. A buɗe zauren WhatsApp biyu, ɗaya na sanarwa wanda malami da wakilin aji kaɗai ke iya rubutu, ɗaya na tambayoyi. Idan aka haɗa su wuri guda, gaisuwar Juma'a da sanarwar biki za su binne darasi. Kuma WhatsApp ba rumbu ba ne, waya na cika, ana sace ta. A ajiye komai a Google Drive ko tashar Telegram, ko Moodle, dandalin koyarwa ta intanet, idan makarantar tana da shi, domin manhajarsa ta waya tana ba da damar sauke darasi a karanta babu sabis. A tura kayan mako kafin Isha'i, masu sayen datar dare mai rahusa su samu su sauke.

Zaman kai-tsaye

Zoom na kyauta yana yanke taro a minti 40, Google Meet a minti 60, kuma kowannensu mutum 100 yake ɗauka. Ajin da ya wuce haka a raba shi. A tsara minti 35: biyar na bita, ashirin na tattauna mara lafiya guda, goma na tambayoyi. Wannan lokacin na koyon yanke shawara ne, ba na karanta rubutu ba.

Misali, a kawo mace mai cikin wata takwas da ta zo awo da ciwon kai, fuska ta kumbura, tana gani dishi-dishi, awon jininta 160 bisa 110. Sai a tsaya nan. Me za ki fara yi? Wane gwajin fitsari za a nema? Idan a ƙaramin asibitin ƙauye kike, me za ki tanada kafin a tura ta babban asibiti, kuma me za ki yi in ta fara jijjiga a hanya? A kira ɗalibai da suna, wanda sabis ɗinsa ba ya ɗaukar murya ya rubuta amsa, wakilin aji ya riƙa karantowa. Bayan kowace tambaya a yi haƙuri da shirun daƙiƙa goma, domin murya na jinkirin isa, kuma buɗe makirfo na ɗaukar lokaci. Malamin da ke amsa wa kansa tambaya saboda gudun shiru, cikin mako biyu zai wayi gari shi kaɗai ke magana. A naɗi zaman a tura muryar a ranar. A kauce wa lokutan salla, da azumi kuma safiya ta fi.

A sanar da mafita tun kafin matsala ta zo: idan sabis ɗin malami ya ɗauke har minti biyar, kowa ya koma zauren tambayoyi a ci gaba da saƙon murya.

Lissafin magani

Wannan fanni yana zama sosai ta waya, matuƙar ana ganin yadda ɗalibi ya bi lissafin. A sa ya rubuta da hannu ya ɗauki hoto. Yaro mai kilo 12, farasitamol miligiram 15 ga kowane kilo, ruwan magani mai miligiram 120 a mililita 5: amsa miligiram 180, wato mililita 7.5. Ƙarin ruwa mililita 500 cikin awa 4, da igiya mai ɗigo 20 a mililita: 500 sau 20 a raba da minti 240, ɗigo 42 a minti. Kurakuran da ke maimaituwa sanannu ne. Wani zai manta bai mayar da awa zuwa minti ba, ya samu 2,500 ya rubuta hankali kwance. Wani zai rikita miligiram da mililita. Wani bai duba ledar igiyar ba, alhali ta yara mai ɗigo 60 ce, inda amsar ta zama 125. Amsa tsirara ba za ta nuna inda aka kauce ba, shi ya sa hoton takardar yake da muhimmanci. A canza wa kowane rukuni nauyin yaro ko yawan ruwa, kwafar amsa sai ta zama banza.

Aikin hannu

Intanet tana shirya ɗalibi ne, ba ta maye ɗakin gwaji. Hanyar koyar da aikin hannu ta Peyton mai matakai huɗu ta dace: malami ya yi aikin a saurinsa na kullum ba magana, ya sake yi a hankali yana bayani, sannan ɗalibi ya riƙa faɗin mataki malami yana aikatawa, a ƙarshe ɗalibi ya yi da kansa. Biyun farko a ɗauke su bidiyo, na uku a yi shi a zaman kai-tsaye ana tsayar da bidiyon ana tambayar me ke biye. Na huɗu kam sai gaban malami, da takardar tantancewa irin ta OSCE, jarrabawar gwajin aikin hannu da Hukumar Jinya da Ungozoma ta Najeriya ke yi.

Bidiyon kada ya wuce minti biyar. A ɗauka daga bayan kafaɗar mai aikin, yadda hannun damansa zai fito a damar mai kallo, haske kuma ya faɗo kan hannuwan. Idan awon jini ne, a nuna duk abin da ake yawan tsallakewa: mutum ya huta minti biyar, ya jingina, ƙafa a ƙasa, hannu daidai da zuciya, ɗamarar na'urar awon ta zauna santimita 2 zuwa 3 sama da lanƙwasar gwiwar hannu, a hura har ma'aunin ya kai milimita 20 zuwa 30 sama da inda bugun jijiya ya ɓace, a saki iska milimita 2 zuwa 3 a daƙiƙa. A nuna kuma yadda ƙaramar ɗamara a hannu mai kauri ke ba da lamba sama da ta gaskiya.

Abin da ɗalibi zai iya gwadawa a gida ya turo bidiyo shi ne wanda ba ya cutarwa: wankin hannu na daƙiƙa 40 zuwa 60, sa safar hannu, ƙirga bugun jijiya, awon dantsen yaro da tef ɗin tamowa, inda ƙasa da santimita 11.5 ke nuna ja, wato tamowa mai tsanani. Allura, sa kanula ko robar fitsari a jikin 'yan gida haramun ne a wannan tsari, kuma a rubuta haka ɓaro-ɓaro, domin ɗalibi mai zumuɗi zai gwada a kan ƙaninsa.

Hoton mara lafiya amana ne. Najeriya tana da Dokar Kare Bayanai ta 2023, kuma tun kafin ita ɗa'ar aiki ta hana tona sirrinsa. Duk hoton da ya shiga zauren WhatsApp ya fita daga hannun malami. A yi amfani da mutum-mutumin roba ko zane. Idan dole sai hoton ciwo na gaske, a nemi izini a rubuce, a cire fuska da suna da lambar kati, a nuna shi a zaman kai-tsaye kawai kuma kada a naɗi wannan ɓangaren. Hulɗa da ɗalibai, musamman mata, ta tsaya a zaure da lokutan da aka sanar.

Gwaji da bibiya

Kowane mako a ba da tambayoyi goma a Google Forms, a hargitsa jerinsu, a bar ƙofa a buɗe awa 24, makin kuma ya zama kaɗan. Gwajin minti ashirin da ƙarfe takwas daidai sabis yake aunawa, ba ilimi ba. Inda aka yi shakkar aikin wani, kiran minti uku ya isa: ya yi bayanin amsarsa da bakinsa. Babbar jarrabawa kuwa a ɗakin jarrabawa za a yi ta, da masu sa ido.

A ƙirga halarta da aikin da aka turo, domin suna na iya bayyana a Zoom mai shi yana kasuwa. Wanda ya yi mako biyu bai turo komai ba a kira shi a ji. Sau da yawa waya ce ta lalace ko duti ya canza, kuma abokin aji zai iya tura masa fayilolin ta Xender ko Bluetooth ba tare da ko sisin data ba.