Yadda ake haɗa gajeren fim na gwaji kan kaɗaicin da waya ke jawowa

Fim na gwaji ba ya buƙatar jarumi ko dogon labari. Abin da ake nema shi ne mai kallo ya ji a jikinsa yadda mutum ke zaune kusa da ɗan'uwansa amma hankalinsa yana can wata duniya.

Da farko ka samu ɗaki ɗaya da mutum biyu da suka yarda a ɗauke su. Kada ka rubuta musu abin faɗa, kowa ya riƙe wayarsa kamar yadda ya saba. Ka kafa kyamara wuri ɗaya, ka saita ta a kan hoto 24 a daƙiƙa, ka kulle haskenta, in ba haka ba duk sauyin allon waya sai hoton ya yi ta rawa. Kashe fitila. Hasken wayar kaɗai zai bugi haɓa da ƙasan hanci, idanu na yawo, sauran fuskar kuma ba motsi. Kada ka yi gaggawar yankewa, bar shi ya kai minti biyu.

Sauti ne zai fi cin lokacinka, kuma a ganina nan fim ɗin yake. Ka naɗi ƙugin waya a kan tebur daban, ƙarar shigowar saƙo daban, numfashi daban. Wajen tacewa, idan ɗaya ya yi wa ɗaya magana, ka danne muryar har ta koma kamar daga bayan bango, ka ɗaga ƙarar saƙon ta cika kunne. Chantal Akerman, mai shirya fim 'yar ƙasar Belgium, ta yi makamancin haka a fim ɗinta News from Home na 1977: tana karanta wasiƙun mahaifiyarta a kan hotunan titunan birnin New York, hayaniyar motoci da jirgin ƙasa na haɗiye muryarta.

Manhajar tace bidiyo ta DaVinci Resolve, samfurinta na kyauta, ta isa aikin tacewa. Gwada raba allon fim ɗin biyu da baƙin layi, kowa a nasa ɓangaren, alhali kujera ɗaya suke kai. Kiɗan ban tausayi da rubutun nasiha a ƙarshe, don Allah ka bar su, suna hana mai kallo gano abin da kansa.

In ya kai minti huɗu ko biyar, ka nuna wa mutane kaɗan a ɗaki mai duhu. Ka lura da lokacin da suka fara laluben aljihu. Idan a nan kake son su ƙosa, bar wurin yadda yake, idan ba haka ba, ka koma ka rage shi.