Yadda ake duba raket ɗin tanis na gwanjo kafin a biya kuɗi

Mai neman raket ɗin tanis a Sakkwato sau da yawa a gwanjo yake samunsa, kuma cikin sunayen da zai ci karo da su akwai Head. Sanin asalin kamfanin yana taimaka wa mai saye. Howard Head injiniyan jirgin sama ne a Baltimore ta Amurka. A 1950 ya kafa kamfanin, yana ƙera allunan zamiya kan dusar ƙanƙara da alminiyom a lokacin da kowa katako yake amfani da shi. Daga baya kamfanin ya shiga tanis, har Arthur Ashe ya ci gasar Wimbledon ta 1975 da raket ɗinsu. Shi kuwa Howard, bayan ya sayar da kamfanin a 1969, ya koma wani kamfanin kayan tanis mai suna Prince, inda ya fito da raket mai faffaɗar fuska a 1976. Yau hedikwatar Head tana Kennelbach ta Ostiriya.

Za ka tarar da raket iri uku a tulin gwanjo: na katako, na alminiyom, da na girafait (haɗin zaren kabon marar nauyi). Na katako ka bar shi, zamaninsa ya wuce. Alminiyom lanƙwashewa yake yi, don haka ka ɗaga shi daidai idonka ka hango shi ta gefe, daga mariƙi zuwa kai. In ya karkace ko kaɗan, ba ya gyaruwa. Girafait shi ya fi, amma shi ya fi ɓoye aibi, domin tsagewa yake yi a ƙarƙashin fenti.

Nan ya kamata ka ɓata lokaci. Ka ɗauki fuskar raket kamar agogon bango, ka duba wurin ƙarfe goma da ƙarfe biyu, inda yake yawan bugun ƙasa, sannan wuyansa, inda ya rabu biyu. Ka bi da farce a hankali. Fentin da ya ɓantare ba komai ba ne. Siririn layin da ya ratsa firam a gicciye, farce yana maƙalewa a ciki, wannan tsaga ce, kuma ranar da aka ja masa sabuwar tsirkiya zai iya karyewa a kan injin da ake jan ta. Ka ƙwanƙwasa kewayen da ɗan makulli: lafiyayyen wuri ƙararsa tsaf take, inda ya tsage kuwa sai ka ji ta dushe.

Ka duba 'yan robobin da tsirkiya ke bi ta cikinsu. In sun bushe sun farfashe, tsirkiya za ta riƙa gogar bakin rami tana tsinkewa daga gefe, kuma samun na tsohon samfuri wahala ne.

Tsawon raket ɗin manya inci 27 ne. Sabon ɗan wasa ya nemi mai fuskar murabba'in inci 100 zuwa 105, nauyi giram 270 zuwa 300 ba tsirkiya. Girman mariƙi ana rubuta shi a gindi, galibi 2 ko 3. Ka riƙe shi, ka sa manuniyar ɗaya hannun tsakanin yatsunka da tudun tafinka: ta shiga cif. In kana shakka ɗauki ƙarami, domin ana ƙara masa kauri da tef ɗin naɗi, babba kuwa rage shi aiki ne.

Tsirkiyar da ya zo da ita kada ka yarda da ita, ko da ba ta tsinke ba, ta riga ta saki. Raket ɗaya yana cin mita 12. Nailan mai kaurin milimita 1.30 ya wadatar, a ja shi kilo 23 zuwa 25, amma a fara duba iyakar da aka rubuta a wuyan raket. Foliyesta ta fi jure tsinkewa, sai dai tana da tauri, tana gajiyar da gwiwar hannu, don haka a rage mata kilo biyu. Da inji ake wannan aiki. Ja da hannu ba ya daidaita, yana murɗe firam. Ranar da tsirkiya ɗaya ta tsinke, ka yanke sauran duka da almakashi, ka fara daga tsakiya kana bin tsaye da kwance bi da bi, don kada nauyin ya taru a gefe guda.

Sauran aikin na zafin garinmu ne. Daga Maris zuwa Mayu zafi yana haura digiri 40, cikin motar da aka rufe a rana kuwa ya fi haka nesa ba kusa ba. Yini ɗaya a but ya isa ya sassauta tsirkiya, ya narkar da gam ɗin mariƙi. A ajiye raket a ɗaki cikin jakarsa. Lokacin hunturu ƙura tana shiga mahaɗar tsirkiya tana cinta kamar sanfefa, saboda haka bayan kowane wasa a goge da ɗanyen tsumma, a bar shi ya sha iska a inuwa kafin a zuge jaka.