Mai hoto ya daina ɗaga waya ga biki ya ƙarato: ga yadda za ki yi

Kin biya kafin alƙalami tun tuni, kati ya fita, anko an ɗinka, saura sati biyu a fara kamu, mai hoto kuma shiru kamar an shuka dusa. Hankali dole ya tashi, don abinci in ya ƙare ana iya ɗora wata tukunya amma ɗaurin aure minti nawa ne, an ambaci sadaki an shafa fatiha shike nan, ba za a sake tara mutane don a ɗauki hoto ba.

Fara duba WhatsApp ɗin da kyau tukun. In alama ɗaya ce a jikin saƙon to bai ma shiga wayarshi ba, ko ba data ko ba caji ko yana inda babu sabis, mu nan Zamfara mun san wannan, a watan Satumba na 2021 ma ɗungurungum aka rufe layukan waya a jihar, har yau kuma in mutum ya shiga aiki wasu ƙauyukan sai ya fito ake samunshi. Alama biyu ya shiga wayarshi. In ta koma shuɗiya ya karanta ke nan. Sai kuma ki lura da ranar da kike nemanshi, Juma'a zuwa Lahadi masu hoto suna wajen biki, balle watan Sha'aban da bayan sallah da aure ke yawa, Litinin ko Talata da hantsi ya fi. Kwana biyu ba amsa ba abin damuwa ba ne. Amma sati guda cur kuma kina ganin yana ɗora hotunan wasu amare a status, to akwai magana.

Daga nan ki daina jera mishi "salam", "kana ina", "don Allah ka ɗauka" guda ashirin, ba ya sa ya amsa, sai ma ya ƙara ɓuya don kunya. Saƙo ɗaya za ki tura mai ɗauke da komai, kamar haka: Salam Malam, ina tuna maka bikinmu ne, kamu ranar Alhamis, ɗaurin aure Juma'a bayan an sauko daga masallaci a Tudun Wada, ga shaidar kuɗin da na turo, don Allah ka tabbatar min kafin la'asar ɗin jibi, in wani uzuri ya taso ka faɗa min in san abin yi. Ki haɗa da hoton rasit ɗin taransfa, ki tura ta WhatsApp ki kuma tura ta tes, don tes ba ya buƙatar data.

In lokacin ya wuce bai ce komai ba to a ajiye waya, zuwa da kai ya fi saƙo. Gusau ba ta da girman da mai shago zai ɓace. Yayanki ko babban abokin ango ya taka har shagon, in a rufe yake maƙwabta sun san gidansu, yaron shagonshi ma yakan fi shi ɗaga waya. Sannan a nemi wanda ya haɗa ku da shi tun farko, wannan shi ne ya fi tasiri a ganina, don mutum zai iya share baƙuwar lamba amma da wuya ya share wanda yake jin nauyinshi. In an same shi kar a fara da faɗa, wataƙila rashin lafiya ce ko rasuwa ko an sace wayar. A tambaye shi kai tsaye, zai zo ko ba zai zo ba, da kanshi ko yaro zai turo, don wasu suna karɓar biki biyu rana ɗaya sai su rasa bakin faɗa. In kuma daga Sakkwato ko Kano zai taso a tsayar da maganar ya iso tun ana gobe da rana, yanayin hanyoyinmu ba na tafiyar dare ba ne.

Kar ki jira sai an gama wannan cigiyar kafin ki nemi na biyu, tare ake yi. Mai kwalliyarki da mai lalle da mai adon wuri kullum suna haɗuwa da masu hoto a gidan biki, sun san mai cika alkawari, ki tambaye su. Ki gaya wa sabon gaskiya cewa akwai wanda kike jira zuwa rana kaza, ya riƙe miki ranar. Shi kuma wannan karon a rubuta komai ko a chat ne: ranaku, wurare, da bidiyo ko babu, album da firam nawa, yaushe zai kawo, sauran kuɗi sai aiki ya zo hannu. In gidanku ba sa son namiji ya shiga wajen lalle da kamu, yanzu ne lokacin neman mace mai ɗauka.

Ko da komai ya daidaita ki ware ƙanwa ɗaya mai waya mai kyau, a ba ta fawa banki, aikinta ke nan ranar, ki lissafa mata waɗanda ba kya so a rasa, ke da Inna, ke da kaka, lokacin da Baba ke miki nasiha kafin a fita da ke. Wajen ɗaurin aure kuma a ɗora wa wani cikin samarin gida.

Maganar kuɗinki, don Allah kar ki yi saurin kai shi Facebook ana tsakiyar hidima, zai cinye miki lokaci ya kuma rufe ƙofar sulhu. Ki adana chat da rasit kar ki goge ko ɗaya, bayan an kai ki ɗaki hankali ya kwanta sai maza su je da shaidar wajen iyayenshi ko mai unguwarsu, in ya ƙi a wuce Hisba ko kotu.